GARGAƊI GA DUK MAI SHIRIN CEWA "SHI NE" A SHARI'AR KISAN KAI

Jama'a, a saurara da kyau. Wannan gargaɗi ne ga duk wanda aka yi kisa a gabansa, ko a layinsu, ko a ƙauyensu, ko a hanyar da ya biyo, har 'yan sanda suka tambaye shi wa ya gani. Gargaɗi ne kuma ga iyalan wanda aka kashe, da iyalan wanda aka kama, da masu riƙe da waya da ke tura hoton mutum gari gari tun kafin a kai shi gaban alƙali.

A dokar Najeriya bakin mutum ɗaya tak yana iya kai wani ga igiya. Sashe na 200 na Dokar Shaida ta 2011 bai ɗora wa kotu adadin shaidun da sai an cika ba, in ban da wasu 'yan laifuffuka da aka keɓe, kuma kisan kai ba ya cikinsu. Idan alƙali ya gamsu da shaida guda, magana ta ƙare. Hukuncin kisan ganganci kuwa, a sashe na 221 na dokar Penal Code da jihohin Arewa suka gada, kisa ne, alƙali ba shi da ikon sassauta shi. Yanzu haka sama da mutum 3,000 ne ke gidajen gyaran hali na ƙasar nan da hukuncin kisa a wuyansu.

Da yawa daga cikinmu muna kwantar wa kanmu da hankali da cewa ai akwai ɗaukaka ƙara, in an yi kuskure a ƙasa manya za su gyara a sama. Duk mai wannan tunani ya cire shi daga ransa tun yau. Kotun sama ba ta sake kiran shaida ta dubi idonsa. Takarda take karantawa, takardar nan kuwa tushenta shi ne abin da ya fito daga bakinka a daren farko, lokacin da jikinka ke rawa, mutane na ihu a kanka, wani yana raɗa maka sunan wanda yake zargi. Abin da ka faɗa a wannan dare shi zai bi mutumin har Kotun Ƙoli a Abuja, ko da bayan shekara goma ne.

WANDA AKA WANKE BAYAN SHEKARA 45 A KABARI

A ranar 6 ga Maris, 1952, aka yi wa wata mai shago yankan rago a unguwar bakin tashar jiragen ruwa ta birnin Cardiff a Birtaniya. 'Yan sanda suka kama Mahmood Mattan, Musulmi ɗan asalin Somaliya, tsohon ma'aikacin jirgin ruwa, mai mata da 'ya'ya uku. Ba a sami wuƙar a hannunsa ba, ba a sami kuɗin da aka sace ba. Abin da ya fi nauyi a kansa shi ne maganar wani mutum da ya ce ya gan shi yana fitowa daga shagon a daren. Iyalan matar sun riga sun sa ladan fam 200 ga wanda ya taimaka aka kama mai laifi.

Akwai abubuwan da aka ɓoye wa masu yanke hukunci da lauyan da ke kare shi. Bayanin da wannan shaida ya fara yi wa 'yan sanda bai dace da kamannin Mattan ba, wani mutum dabam ya siffanta. An kuma jera Mattan cikin mutane, wasu shaidu huɗu suka duba suka kasa nuna shi. Mattan ya nemi ɗaukaka ƙara a watan Agusta, aka ƙi. Ranar 3 ga Satumba, 1952, wata shida bayan kisan, aka rataye shi a kurkukun Cardiff.

Matarsa da 'ya'yansa suka yi ta bin kadi shekara da shekaru. Sai ranar 24 ga Fabrairu, 1998, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Ingila da Wales ta soke hukuncin, bayan sabuwar hukumar da aka kafa don sake duba irin waɗannan shari'u ta miƙa mata batun. An biya iyalan diyya, a 2022 kuma 'yan sandan yankin suka nemi afuwa. An wanke sunansa, amma shi kansa ya haura shekara 45 a ƙarƙashin ƙasa.

YADDA IDO KE YAUDARAR MAI GASKIYA

Mukan ce gani ya kori ji, mukan fifita ganau a kan jiyau, kuma haka ya dace. Sai dai mu ɗin ne dai muke cewa kama da wane ba ta wane. Babbar masifar shaidar gani da ido ita ce mai kuskure bai san yana kuskure ba. Maƙaryaci yana iya rikicewa idan lauya ya matsa masa. Wanda ya yi imani har zuciyarsa cewa wane ya gani, zai rantse, zai yi kuka, zai nuna da yatsa ba tare da ɗar ba, alƙali ya dube shi ya ga mutumin kirki, alhali fuskar da ke ransa ta wani ce.

A Amurka an sami ma'aunin da ya tona wannan asiri, wato gwajin ƙwayoyin halitta na DNA. Ƙungiyar lauyoyi ta Innocence Project, wadda aka kafa a 1992, ta bi diddigin mutum 375 da wannan gwaji ya wanke bayan an ɗaure su. Kusan kashi 69 cikin ɗari na waɗannan shari'u, akwai shaidar gani da ido da ya nuna wanda ba shi ba.

Ɗaya daga cikinsu shi ne Kirk Bloodsworth, tsohon sojan Amurka. A 1984 aka kashe wata yarinya 'yar shekara tara a jihar Maryland. 'Yan sanda suka zana kamannin wanda ake nema daga bakin yara biyu, aka watsa zanen, wani ya buga waya ya ce ya yi kama da Bloodsworth. Shaidu biyar suka ce shi suka gani. A 1985 aka yanke masa hukuncin kisa. Ya ɗaukaka ƙara ya yi nasara, saboda masu gabatar da ƙara sun ɓoye wasu bayanai, aka ce a sake shari'a. Da aka sake, shaidu suka sake nuna shi, aka yi masa ɗaurin rai da rai. Sai a 1993 gwajin DNA ya fitar da shi, bayan kusan shekara tara a tsare. A 2003 aka gano ainihin wanda ya yi kisan, mutumin da suka zauna a kurkuku ɗaya da shi, wanda ya amsa laifinsa a 2004. A lura da kyau: ɗaukaka ƙara ta ba shi dama ta biyu, amma ba ta iya goge fuskarsa daga zukatan shaidun ba.

Masana halayyar ɗan Adam sun daɗe da bayyana dalili. Ƙwaƙwalwa ba ta ajiye abu kamar yadda kyamara ke ajiyewa. Duk lokacin da mutum ya tuno abu, sake harhaɗa shi yake yi, kuma abin da ya ji daga baya yana cuɗewa da abin da ya gani. A 1974 Elizabeth Loftus da John Palmer suka nuna wa ɗalibai majigin haɗarin mota. Waɗanda aka tambaya gudun motocin lokacin da suka "ragargaji" juna sun ba da ƙiyasin da ya ɗara na waɗanda aka ce wa motocin sun "taɓa" juna da kusan mil 9 a awa. A gwaji na biyu, bayan mako guda aka tambaye su ko sun ga fasasshen gilashi. Babu gilashi a majigin ko kaɗan, amma 16 cikin 50 na waɗanda aka yi wa tambaya da kalma mai zafi suka ce sun gani, a kan 7 cikin 50 na waɗanda aka yi wa da kalma mai sauƙi. Kalma ɗaya ta dasa musu abin da bai faru ba, su da ke zaune lafiya a aji.

To ina ga wanda aka faɗa wa gida da tsakar dare? Bincike ya nuna idan akwai makami, ido yakan tafi kan makamin ya bar fuskar mai riƙe da shi. Tsananin firgita yana rage abin da mutum ke iya riƙewa. Mutum ya fi saurin rikita fuskokin waɗanda ba jinsinsa ba, waɗanda bai saba cuɗanya da su ba. Mu duba yadda ake kisa a wurarenmu: babu wutar lantarki, sai hasken tocila da aka dalla maka a ido, maharan sun naɗe fuska da rawani ko ƙyalle, kowa ya kwanta rub da ciki ko ya ranta a na kare, abin duka bai wuce 'yan mintoci ba. Bayan mako biyu, ranar kasuwa, sai wani ya hangi baƙo mai irin tsayin da irin rigar, ya ce ga ɗaya daga cikinsu. Daga nan sai a taru. Wanda jiya ya ce bai ga fuska ba, yau ya ji maƙwabcinsa ya tabbatar, shi ma sai ya tabbatar. Kafin a je kotu an sami shaidu biyar, alhali ido ɗaya ne ya yi hange, sauran huɗun amshi suke yi.

ABIN DA KOTUN SAMA KE DUBAWA

Ƙa'idar da kotunan ɗaukaka ƙara ke bi a Najeriya a fili take. Gaskata shaida ko ƙaryata shi aikin alƙalin farko ne, domin shi ya ga shaidan, ya ji muryarsa, ya lura da yadda yake amsa tambaya. Kotun Ɗaukaka Ƙara kundin shari'a kawai ake kai mata. Idan Babbar Kotu da Kotun Ɗaukaka Ƙara suka haɗu a kan cewa abu kaza ya faru, Kotun Ƙoli ba ta taɓa wannan matsaya sai an nuna mata cewa ta saɓa wa hujjojin da ke cikin kundin ƙarara, ko an tafka rashin adalci. Sabuwar hujja kuma ba a karɓarta sai da sharuɗɗa masu tsauri: a nuna ba yadda za a yi a same ta lokacin shari'ar farko, abin gaskatawa ce, kuma tana da nauyin da za ta iya sauya hukunci.

Duk da haka kotunan sun san haɗarin. A Ingila, kuskuren da aka yi wa Adolf Beck, wanda mata da dama suka nuna a matsayin ɗan damfara aka same shi da laifi a 1896 da kuma 1904 alhali wani ne, yana cikin abin da ya sa aka kafa kotun ɗaukaka ƙarar manyan laifuffuka a 1907. A 1976, a shari'ar Turnbull, kotun Ingila ta shimfiɗa tambayoyin da dole a yi kafin a dogara da wanda ya ce ya gane fuska. Kotun Ƙolin Najeriya ta bi wannan hanya a shari'u irin su ta Ikemson a 1989 da ta Ndidi a 2007. Tambayoyin su ne: tsawon wane lokaci shaida ya kalli mutumin? Daga wace tazara? Da wane irin haske? Akwai abin da ya tare masa gani? Ya san shi a da, ko ranar ya fara ganinsa? Kwana nawa tsakanin faruwar abin da ranar da ya nuna shi? Kamannin da ya fara faɗa wa 'yan sanda sun dace da wanda ke tsaye a akwatin kotu?

Da waɗannan tambayoyi ake cin ɗaukaka ƙara, da su ake faɗuwa. Idan shaida ya ce ya daɗe da sanin wanda ya yi kisan, amma bai ambaci sunansa a bayanin farko ba sai daga baya, kotu tana ɗaukar maganarsa da taka-tsantsan. Idan wanda ake tuhuma ya faɗa tun farko cewa yana wuri kaza tare da su wane a wannan lokaci, wajibi ne 'yan sanda su bincika, rashin yin haka kuma yana iya rusa hukunci. Idan aka fito da mutum shi kaɗai da ankwa a hannu aka ce wa shaida "shi ne ko?", wannan ba tantancewa ba ce. Amma duk wannan sai in ya shiga kundi. Tambayar da lauya bai yi ba a Babbar Kotu, da wuya a bar shi ya yi ta a sama.

A nan akwai abin da iyalan mamaci ya kamata su sani. Ƙarin gishiri yana kuɓutar da mai laifi na gaskiya. Sashe na 135 na Dokar Shaida ya ce sai an tabbatar da laifi ba tare da wani kokwanto mai ma'ana ba, sashe na 36(5) na Kundin Tsarin Mulkin 1999 kuma ya ce kowa marar laifi ne har sai an tabbatar. Shaidan da ya ga bayan mutum ya ce ya ga fuskarsa, ko ya ce da farin wata alhali daren duhu ne, ya ba lauya ƙofar da zai ruguza har gaskiyar da ke cikin maganarsa. Sai a wayi gari bayan shekaru kotun sama ta sallami wanda kowa ya san shi ya yi, saboda wani ya so ya taimaka da ƙari.

JANYE MAGANA BA YA DAWO DA RAI

Kada wani ya ce bari in faɗa yanzu, in na ga ba haka ba ne na janye. Magana zarar bunu ce. Kotuna a ko'ina suna kallon shaidan da ya janye maganarsa da idon zargi: ko an ba shi kuɗi, ko an tsorata shi, ko tausayi ya kama shi. Wanda ya ce ya yi ƙarya jiya, da me za a gane yau gaskiya yake faɗa?

Shari'ar Troy Davis ta isa misali. A watan Agusta 1989 aka harbe wani ɗan sanda a birnin Savannah na jihar Georgia a Amurka. Ba a taɓa samun bindigar ba. A 1991 aka yanke wa Davis hukuncin kisa, mafi yawa bisa maganar shaidu. Daga baya bakwai cikin manyan shaidu tara suka janye ko suka sauya maganarsu, wasu suka ce 'yan sanda ne suka matsa musu. A 2009 Kotun Ƙolin Amurka ta ba da umarnin a saurari sababbin hujjojin, a 2010 alƙalin da ya saurara ya ce ba su kai su tabbatar da rashin laifinsa ba. Tsohon shugaban Amurka Jimmy Carter da Fafaroma Benedict na 16 da Desmond Tutu duk sun roƙa a yi masa sassauci. Ranar 21 ga Satumba, 2011, aka kashe shi da allura yana cewa ba shi ba ne. Har yau ana gardama a kan ko shi ne. Abin da ba a gardama a kai shi ne maganar farko ta shaidun ta fi ta biyu nauyi a gaban kotu.

A gida ma an taɓa ganin igiya ta riga kotu. Nasiru Bello, wanda Babbar Kotun jihar Oyo ta yanke wa hukuncin kisa kan fashi da makami, ya shigar da takardar ɗaukaka ƙara, amma a 1981 aka zartar masa da hukuncin tun ba a saurare shi ba. A 1986 Kotun Ƙoli ta ce abin da aka yi haramun ne a doka, ta ba iyalansa diyya. Wanda jama'a suka yanke wa hukunci a titi kuwa ko wannan bai samu ba. Mafarauta 16 da aka kashe a Uromi ta jihar Edo a watan Maris 2025, suna kan hanyarsu ta zuwa Kano yin Sallah, ihun "masu garkuwa da mutane ne" ya cinye su, ba wanda ya tsaya ya tambayi wa ya ga me.

ADDINI BAI BAR WANNAN ƘOFA A BUƊE BA

Shaidar zur tana cikin manyan zunubai, an jera ta tare da shirka da saɓa wa iyaye a hadisin da Bukhari da Muslim suka ruwaito. Ɓoye shaida ma Alƙur'ani ya hana a ƙarshen Suratul Baƙara. Saboda haka ba a ce kowa ya kama bakinsa ba. Wanda ya gani dole ya faɗa, amma iyakar abin da ya gani. A fiƙihun Malikiyya ba a yin ƙisasi da shaida sai da adilai biyu, a tsarkake su, a kuma yi wa wanda ake tuhuma i'izari, wato a ba shi damar sukar shaidun kafin hukunci. Bukhari ya kawo labarin mutum biyu da suka shaidi wani da sata a gaban Sayyidina Ali, aka yanke masa hannu, sannan suka dawo da wani dabam suka ce kuskure suka yi, wannan ne ɓarawon. Sayyidina Ali ya ƙi karɓar shaidarsu a kan na biyun, ya ɗora musu diyyar hannun na farko, ya kuma gargaɗe su cewa da ya san da gangan suka yi, da nasu hannun zai yanke. Dokar ƙasa ma ta tanadi hukunci mai tsanani, har ɗaurin rai da rai, ga wanda ya ƙirƙiri shaida don a kashe wani.

ABIN DA KOWA ZAI YI

Kai da ka gani:

1. Tun kafin ka yi hira da kowa, rubuta abin da ka gani, ko ka ɗauki muryarka a waya: lokaci, wuri, inda kake tsaye, irin hasken da ke wurin, tsayi, kaya, murya, tabo ko tsagar fuska.

2. Raba abin da idonka ya gani da abin da kunnenka ya ji. "Na gan shi" daban, "an ce shi ne" daban, "ya yi kama da shi" daban. Faɗi kowanne da sunansa.

3. In ka san mutumin, ambaci sunansa a bayaninka na farko. In ba ka ga fuska ba, ce ba ka gani ba, ko da duk unguwa ta haɗu a kan mutum ɗaya.

4. Idan aka jera maka mutane ko hotuna, ka sani mai yiwuwa wanda ya yi ba ya cikinsu. Kada ka zaɓi wanda ya fi kama. "Ban tabbata ba" amsa ce cikakkiya, kuma ka sa a rubuta ta haka.

5. Kada ka sa hannu ko ka dangwala yatsa a bayanin da aka rubuta da Turanci sai an karanta maka, an fassara, ka yarda abin da ka faɗa ne. Ko mutum ɗaya aka ƙara ko aka rage, ka ce a gyara.

6. Kada ka karɓi ko sisi, kada ka yarda wani ya biya maka abin da za ka faɗa. Idan ka gane ka yi kuskure, je ka faɗa yau, tun shari'a na gaban alƙalin farko.

Ku iyalan mamaci, Allah ya ba ku haƙuri, ya bi muku haƙƙinku. Kada ku tara shaidu a zaure ɗaya suna daidaita labari. Kada ku nuna musu hoton wanda kuke zargi. Tsohuwar gaba ta gona ko gado ko aure ba hujja ba ce. Idan aka rataye wanda ba shi ba, fayil ya rufe ke nan, wanda ya kashe muku ɗan'uwa yana yawo a cikinku.

Ku iyalan wanda aka kama, kada ku zauna jiran ikon Allah ba tare da motsi ba. Idan ba ya wurin lokacin da abin ya faru, ya faɗa tun a bayanin farko: ina yake, shi da wa, daga ƙarfe nawa zuwa nawa. Ku adana tikitin mota, rasit, rajistar wurin aiki ko ta asibiti. Ku nemi lauya tun daga ofishin 'yan sanda. In ba hali, akwai Hukumar Ba da Agajin Lauyoyi ta ƙasa, wadda ke aiki tun 1976 don marasa ƙarfi. Wanda ba ya jin Turanci yana da haƙƙin tafinta kyauta a kotu. Ku tabbata lauya ya nemi bayanan farko na shaidu ya gwada su da abin da suka faɗa a kotu. Idan hukunci ya faɗo, kwana 90 ne wa'adin shigar da ɗaukaka ƙara daga Babbar Kotu, kwana 30 kuma daga Kotun Ɗaukaka Ƙara zuwa Kotun Ƙoli. Mai hukuncin kisa haƙƙinsa ne ya ɗaukaka, ba sai ya nemi izini ba. In wa'adin ya wuce, sai an roƙi kotu ƙarin lokaci da dalili, saboda haka a fara ƙirga kwanaki tun ranar hukunci.

Ku masu waya, ku daina tura hoton wanda aka kama a WhatsApp da Facebook da TikTok da rubutun "ga wanda ya kashe wane". Shaidan da ya ga hoton nan sau goma, gobe fuskar hoton zai tuna yana zaton ta daren ce. Kun ɓata shaida, kun ɓata sunan mutum, kuna iya jawo a far wa danginsa.

Ku jami'an tsaro, holin waɗanda ake zargi a gaban 'yan jarida kafin shaidu su tantance su yana lalata shari'ar da kuka sha wahala a kanta; jihar Legas ta haramta shi a dokarta tun 2021. A jera wanda ake zargi cikin masu kama da shi, a shigo da shaidu ɗaya bayan ɗaya, jami'in da ke kula da layin ya zama bai san wanda ake zargi ba, a rubuta kalmomin shaida yadda ya furta su a take. Kowane bayani da aka samu, ko da ya saɓa wa abin da kuke so, a miƙa shi.

Limamai da fastoci, dagatai da masu unguwanni, malaman makaranta da shugabannin tasha da na kasuwa, ku isar da wannan saƙo ga mutanenku tun kafin abin ya zo ƙofar wani. Alhaki kwikwiyo ne, mai shi yake bi. Duk wanda aka kira shaida a kan jini, ya tsaya a kan iyakar abin da idonsa ya gani. In ya tabbata ya faɗa ba tsoro, in bai tabbata ba ya ce bai tabbata ba, ya bar wa Allah sauran.